Katin da Aka Ara wa Bahago

"Rubuta talatin da ɗaya," in ji Bahago.

Na ɗaga alƙalami daga kan takardar. Yana kwance a gadon ƙarfen da aka jawo masa kusa da taga, an tokare masa baya da matashin kai biyu. Ƙafar hagun nan tasa, wadda gari ya taɓa yi wa waƙa, ta kumbura ta leƙo daga ƙarƙashin bargo. 'Yarsa Auta tana tsaye a bakin ƙofa, riƙe da kofin ruwa da ƙwayoyin magani.

"Talatin dai," na ce.

"Kunnenka ne ya mutu ko hannunka? Na ce talatin da ɗaya."

"Na ji ka sarai. Talatin ka ci. Ɗayar tawa ce."

Ya fara dariya, dariyar ta rikiɗe ta zama tari, sai da Auta ta zo ta riƙe masa kafaɗa. Da numfashinsa ya dawo ya ce, "Auta, ki zama shaida. Maƙwabcina ya ci ƙwallo. Shekara hamsin muna katanga ɗaya da shi, sai yau labari ya iso ni."

"Baba, likita ya ce ka rage magana," in ji ta. Ta juyo gare ni. "Baffa, don Allah ka bi shi a hankali."

Na ninke takardar gida huɗu, na ce alƙalamin nasu yana tsallake, zan je gida in rubuta a tsanake da nawa.

"To ka hanzarta, Mai Kati," ya ce, idonsa a rufe. "Alƙalin wasa ya riga ya sa usur a baki, kuma ba a ba ni ƙarin lokaci ba."

Wasiƙar da suke so in rubuta, sakataren kulob ɗin ƙwallonmu za a kai wa. Dole in koma baya kaɗan, don a san abin da ya sa ba za ta karɓu ba sai da sa hannuna.

Kulob ɗin na masaƙa ne. A zamaninmu duk wanda ya sa rigarsa ma'aikaci ne: mu tashi daga aiki ƙarfe huɗu, mu wanke hannu, mu nufi fili. Ni a sashen rini nake, hannuna shuɗi har gwiwa, kuma ni ne mai lamba tara shekara uku a jere. Ba na cewa na fi kowa, amma ba a taɓa zama shawarar cire ni ba. Sai wata shekara manajan masaƙa ya dawo daga tafiya wata ƙasa, ya ce ya ga wani saurayi a can da ke aika ƙwallo da ƙafar hagu duk inda ya ga dama. Bayan wata biyu saurayin ya sauka a tashar jirgin ƙasa da akwatin kwano, takalmin wasa rataye a wuyansa. Shi ne Bahago, mutum na farko da aka ɗauko daga wata ƙasa zuwa garin nan ba don komai ba sai ya buga ƙwallo a biya shi. A takarda an rubuta shi mai kula da sito, amma ban taɓa ganin ya ɗaga ko ƙunshin zare ɗaya ba. Ranar da muka fara gaisawa na ji tafin hannunsa da laushi kamar na jariri. Shi kuma da muka saki juna sai ya duba nasa, ko shuɗin ya kama shi.

Dokar hukumar wasanni ta lokacin ta ce baƙo ba ya samun katin wasa sai ya cika shekara guda zaune a ƙasa. Manaja ba shi da haƙurin shekara. Katin wancan zamani kuwa babu hoto a jikinsa, suna ne kawai da dangwalen yatsa. Mai horar da mu ya kira ni bayan sito, ya dafa kafaɗata, ya ce, "Aron wata biyu ne, kafin a daidaita takardunsa." Ina da sabon aure, kuma masaƙar ce ta ba ni ɗakin da na sa amarya. Na miƙa kati.

Kafin kowane wasa, jami'in hukuma, wanda kullum daga wani gari ake turo shi, yakan jera 'yan wasa ya kira suna ɗaya bayan ɗaya. In ya kira nawa, sai Bahago ya ce, "Na'am." Kalmar da ya fara koya ke nan a harshenmu. Ni kuma, tun da a takarda ina cikin fili, bai kamata a gan ni a benci ko cikin 'yan kallo ba, kada wani ya kira sunana a kunnen baƙi. In wasan waje ne sai a bar ni a gida. In na gida ne sai a shigar da ni ɗakin ajiyar kaya da ke ƙarƙashin rumfar 'yan kallo, cikin tsofaffin raga da buhunan farar ƙasar da ake ja wa fili layi, a ja ƙofa. Akwai wata tsaga a jikin katako, faɗin yatsa biyu, wadda ke kallon raga ɗaya kawai. In Bahago ya ci a waccan ragar ina gani. In a ɗayar ne, mutane su buga ƙafa a saman kaina, ƙura ta zubo mini a wuya, in san an ƙara wa sunana ɗaya.

Wata biyu ya zama kaka guda. A cikinta wasa ɗaya tak na buga. Ranar nan jami'in da aka turo tsohon akawun masaƙa ne, ya san ni, ya san ubana. Mai horarwa ya hango shi yana saukowa daga mota, ya rugo ya tuɓe rigar daga jikin Bahago ya sa mini, da ɗumin jikinsa a ciki. Shi aka tura ɗakin ajiya. Ana ruwa kamar da bakin ƙwarya. Saura minti kaɗan a tashi babu ci, aka bugo kwana, ƙwallon ta kuɓuce wa mai tsaron bayansu, ta dake ni a gwiwa, ta gangara cikin raga. Ba kyakkyawa ba ce, ban taɓa cewa kyakkyawa ce ba. Amma da makin ranar muka ɗauki kofinmu na farko, kuma tawa ce.

Da shekara ta cika ya samu katinsa, aka dawo mini da nawa, ba a dawo mini da rigar ba. Na yi kaka biyu ina ɗumama benci, sannan na koma rini gaba ɗaya. Shi ya yi kaka takwas da sunansa na gaskiya har gwiwa ta ci amanarsa, bai kuma sake wuce ƙwallo ashirin da biyu a kaka ba. Bai koma ƙasarsu ba. Ya auri 'yar mai gyaran keke, masaƙa ta ba shi gidan kan kwana mai famfo a ciki, ni ta ba ni na jikinsa, wanda sai an fita layi ake ɗiban ruwa. Tun daga ranar yake kirana Mai Kati.

Na haura hamsin kafin masaƙa ta buɗe ajin koya wa manya karatu na shiga. Bayan wata shida na je zauren kulob, na tsaya gaban allon katakon da ake rubuta wanda ya fi kowa cin ƙwallo a kowace kaka. An sha gaya mini sunana yana nan, amma ji daban, gani daban. Na bi haruffan da yatsa, na haɗa su, sai ga sunana da na ubana, a gabansu talatin da ɗaya. Babu layin da ya kai shi, daga saman allon har ƙasa. Na daɗe a tsaye.

A lokacin waɗanda suka san gaskiya sun fara ƙarewa, waɗanda suka rage kuma sun kame bakinsu don tsoron kada hukuma ta ƙwace kofin. Masu tasowa allo kawai suka sani. Suka fara kirana Baba Talatin da Ɗaya. Ban taɓa ce wa kowa ni na ci ba, amma ban taɓa ce wa kowa ba ni ba ne. Ranar buɗe kaka akan ajiye mini kujera a sahun gaba, shi a sahu na biyu, sai ya sunkuyo ya raɗa mini, "Mai Kati, kujerar ta yi maka daidai?" Duk da haka in an tashi wurinsa ake taruwa. Tsofaffi su riƙe masa hannu su ƙi saki, wasu har su sunkuya su taɓa ƙafar hagun. Ni ina da allo, shi yana da mutane, kuma ko sau ɗaya ban ji allon ya ishe ni ba.

Bana ake gyaran zaure, za a sabunta fentin allon. Hukumar da ta kafa waccan doka ta daɗe da rushewa, babu mai ƙwace kofi. Da ciwo ya kwantar da Bahago, Auta ta je ta sami sakatare ta gaya masa komai. Ya ce ba ya taɓa allo da maganar baki, sai mai katin ya rubuto da hannunsa. Akwai kuma wani abu da ni da Bahago muka sani sarai: shekarun baya wani ɗan wasa da ake kira Dogo ya ci talatin cif. In an rubuta talatin da ɗaya, Bahago ne a saman kowa. In talatin ne, sun yi kunnen doki.

Da na shiga gida da takardar a ninke, mai ɗakina tana tsince kaya daga igiya.

"Ka rubuta?" ta ce.

"Zan rubuta."

"Ta katanga na ji ku. Malam, mutum yana bakin tafiya, kana jayayya da shi a kan ƙwallon da ta dake ka a gwiwa."

"Ke ma kin faɗa da bakinki. Ni ta daka, ba shi ba."

"Ai turken raga ma tana dukansa, ban ji an rubuta sunansa a allo ba."

"Dama ke kina bayansa tun ranar da ya sauka daga jirgi."

Ta ajiye kwandon. "Ni? Ni da na yi kaka guda ina wanke farar ƙasa daga wandonka, ina gaya wa uwata kafinta ne ya kira ka aikin gini? Shekara ashirin kana zaune a kujerar mutum. Yanzu an ce ka tashi, sai ka ce za ka tafi da ƙafarta ɗaya."

Na shiga ɗaki na ajiye takardar ƙarƙashin agogo.

Kwana huɗu ta yi a nan. Tagata tana kallon ƙofarsa, kuma a kwanakin nan ban yi wani aiki ba sai kallon takalman da ke taruwa a bakinta. Tsofaffin ma'aikatan masaƙa suka zo, waɗanda na ɗauka sun daɗe da mutuwa. Aka turo wani a keken guragu daga ƙarshen gari. Wata tsohuwa mai sayar da zare ta zo da ɗiyarta, ta fito tana share ido da gefen mayafi. Bara na yi mako uku a kwance da ciwon ƙirji, takalman da suka taru a ƙofata ba su taɓa cika tabarmar goge ƙafa ba. Kowa kuma in ya fito sai ya leƙo tagata ya ce, "Baba Talatin da Ɗaya, ya mai jiki?" In ce da sauƙi.

Rana ta biyar da safe Auta ta yi sallama. Ba ta zauna ba.

"Baffa, ya daina karɓar abinci. Jiya sau uku yana tambaya ko alƙalaminka ya warke."

Da ta fita na jawo tebur, na sa tabarau, na ɗauko sabuwar takarda. Na rubuta cewa ni ne mai katin, cewa a kakar da muka ɗauki kofi na farko maƙwabcina ne ya buga wasa da sunana, cewa ƙwallo talatin daga cikin waɗanda aka jingina mini shi ya ci su, kuma ina roƙo a cire sunana a sa nasa. Ban tsaya ba wajen rubuta a cire sunana. Wajen lambar ne na tsaya na daɗe, sannan na rubuta ta da haruffa, na sake rubuta ta da alƙaluma, don kada wani ya ce kuskure ne. Na sa hannu.

Na same shi ya ƙara ramewa a kwana biyar ɗin nan, har ƙasusuwan fuskarsa sun fito. Yanar ido ta daɗe da rufe masa gani, da motsin kujera ya gane ni.

"Mai Kati. Karanta in ji."

Na fara karantawa a hankali. Auta ta zo ta tsaya a bayana, ina jin numfashinta a kan hulata. Ya saurara, bakinsa yana motsi kamar mai bin karatu. Da na iso wurin lambar na ɗaga kai na dube shi. Ya ɗago wuyansa daga matashi, duk ƙarfin da ya rage masa ya tattara shi a kunne.

"Ƙwallo talatin da ɗaya," na ce, na ci gaba har ƙarshe.

Auta ta matsa daga bayana. Shi ya mayar da kansa kan matashi.

"Ka gani? Bai kashe ka ba." Ya tara numfashi. "Ban taɓa gaya maka ba. Kakar nan, kowane mako ina yanke jarida in aika gida. Babu hoto, sai suna. Ƙanena yakan karanta wa tsohonmu. Tsoho ya ce wannan ba sunan da ya raɗa mini ba ne. Ya aiko a gaya mini, in dako nake yi a ƙasar mutane in faɗa, ba abin kunya ba ne, amma in daina aiko masa da labarin ɗan wani. Saura wata biyu in samu katina ya rasu."

Ya kamata in ji tausayinsa, kuma na ji. Amma gaskiya ita ce wani tunani ya riga tausayin isowa: ashe har a wata ƙasa an karanta sunana, ni kuma ina zaune a kan buhu cikin duhu. Nawa uban yana da rai a lokacin, ya san komai, kuma tun daga kakar nan bai sake taka filin ba har ya koma ga Allah.

"Bahago," na ce, "da gaske ba ka tuna ranar ruwan nan ba?"

"Ranar ruwa? Na tuna mana." Fuskarsa ta saki. "Daga dama aka bugo kwana. Mai tsaron bayansu, wani mai sanƙo, ya zame. Ta dake ni a gwiwa. Golansu ya faɗi cikin taɓo yana miƙa hannu kamar mai roƙo. Na juya da gudu, hannu a sama, ruwa ya manne rigar, lambar taran nan ta ɓalle ta gefe ɗaya tana lilo."

"A bayan riga lambar take," na ce. "Wa ya taɓa ganin bayansa yana gudu?"

A waje wani mai sayar da gawayi yana wucewa da kurarsa, ƙafarta ɗaya tana kuka. Bahago ya juyar da fuskarsa wajen taga. Na ɗauka barci ya ɗauke shi.

"Tsagar nan ta yi ƙanƙanta," ya ce a hankali. "Ga warin buhu. Yaya ka yi kaka guda a ciki?"

Shekara hamsin ina tanadin amsoshi iri iri, amma ban tanadi ta wannan tambaya ba.

"Auta, ba ni ruwa," ya ce. Ya kurɓa sau biyu, ya ture kofin. "Amma dai talatin da ɗaya ka karanta, Mai Kati. Da kunnena na ji."

Auta ta rako ni bakin ƙofa, ta miƙo hannu, na ba ta wasiƙar.

"Baffa, na ga abin da ke jikin takardar."

"Gaskiya na rubuta, 'yata."

"To me ka karanta?"

Na sunkuya ina neman takalmina cikin na mutane. Ta sa wasiƙar a jakarta, ta ce yadda take haka za ta kai ta, ba za ta taɓa ko ɗigo ba.

Bayan kwana biyu, da hantsi, ina zaune a tsakar gida ina gyara marikin buta. Tun da ya kwanta rediyonsa ba ta mutuwa, tana ta surutu ta cikin katanga daga safe har yamma, har na daina jin ta. Sai na ji an kashe ta. Mai ɗakina, da ke wanke kwanuka, ta tsame hannunta daga ruwa ta tsaya. Ba a yi kuka nan da nan ba. Sai da muka ji an ja gadon ƙarfen daga jikin taga, sannan muryar Auta ta fito.

Jama'ar da ta taru ta toshe layinmu har bakin titi, motoci suka koma bin ta bayan masaƙa. 'Yan wasan kulob na yanzu, waɗanda ko iyayensu ba su ga wasansa ba, su suka ɗauke shi, suna karɓa-karɓa. Ni ina can baya, gwiwata ba ta barin sauri. A wurin salla na kama kaina ina ƙirga sahu, ina auna nawa ne daga cikinsu za su fito ranar tawa. Na nemi gafarar Allah, na sake kama kaina ina ƙirgawa. Labarin wasiƙar ya riga ya zaga gari. A hanyar dawowa wani direba da ya saba gaishe ni ya riƙe hannuna ya ce, "Baba..." sai ya tsaya, bai san abin da zai ƙara ba. Ya ce Allah ya ba mu haƙuri, ya wuce.

Bayan mako guda sakatare ya aiko in zo zaure. Na tarar an sauke allon daga bango, an jingina shi a kan benci biyu, an shimfiɗa tsofaffin jaridu a ƙasa. Mai fenti, wani dattijo mai ɗigon fari a gemu, yana motsa gwangwani da tsinke. Auta tana gefe, riƙe da guntuwar takardar da ta rubuto sunan mahaifinta na gaskiya.

"Baba," in ji sakatare, "wasiƙarka ta ce talatin, littafinmu ya ce talatin da ɗaya. Littafin bai san wanda ya sa riga a wace rana ba. Kai kaɗai ka rage. Abin da ka gaya wa mai fenti shi zai rubuta."

"In na ce talatin, tawa ɗayar a ina za a rubuta ta?"

Ya sosa ƙeya. "Allon na wanda ya fi kowa ci ne, Baba. Babu layin mai ɗaya."

Ya ce yana da baƙi a ofis, ya fita. Mai fenti ya tsoma buroshi a koren fenti irin na jikin allon, ya ja shi a kan sunana sau ɗaya daga hagu zuwa dama. Haruffan ba su tafi ba, suna nan a ƙarƙashi kamar abu a cikin ruwa. Ya jira ya sha iska, ya sake ja. Sunan ubana ne ya fara ɓacewa, sannan nawa.

Ya matsar da buroshin kan lambar ya tsaya.

"Dattijo, ita fa? In talatin ne, ɗayan kawai zan shafe in zana sifiri. Ba aiki ba ne."

Na matso na dube ta. Tsohon farin fenti ne, ya koma ruwan ƙasa, ya tsattsage a gefe. Ukun tana da ciki, ɗayan kuwa siriri ne, ɗan karkatacce, kamar wanda ya zana shi ya gaji. Auta ba ta dube ni ba, takardar hannunta take kallo. Na san abin da na zo faɗa tun daga gida, talatin ne, na maimaita shi a hanya. Na ji shi a bakina, da nauyinsa.

"Sabon farin nan naka ba zai zo daidai da tsohon ba," na ce. "Za ka ɓata allon. Bar ta."

Mai fenti ya dubi gwangwaninsa, ya dubi allon, ya ɗaga kafaɗa. Ya goge buroshin a tsumma, ya ɗauko wani siriri, ya karɓi takardar daga hannun Auta ya manna ta a gefen allon da ƙusa.

Na zauna a ƙarshen benci, na ajiye sandata tsakanin ƙafafuna. Auta ta zo ta zauna a ɗaya ƙarshen. Ta ƙofar zauren ana hango fili, wani ma'aikaci yana tura kurar ja layi daga wannan turke zuwa wancan. Mai fenti ya ja zare ya daidaita layi, ya riƙe numfashi, ya fara zana harafin farko. Suna ne mai tsawo, ban taɓa ganinsa a rubuce ba. Na gyara tabarau, ina bin hannunsa, ina haɗa haruffan a bakina ɗaya bayan ɗaya kafin su bushe.